Ɗan Ido da Ɗan Kunne: Daga Ina Maganar Nan Ta Fito?

Ƴan uwa ɗalibai, bara ana saura wata biyu jarrabawar brebe, wani abokina da muka taso tare a Urafan ya aje kayensa ya ce ya gama da karatun rubutu. Wai ya amsa wasu tambayoyi a salula, an gaya mishi shi "ɗan kunne" ne, ta ji kaɗai abu ke shiga kansa. Daga ranar sai dai mu karanta ya saurara. Da sakamako ya fito babu sunansa. Abin ya yi mini ciwo, shi ya sa na bi sawun maganar nan in ga mafarinta.

A 1987 wani malami ɗan Niyuzilan, Neil Fleming, wanda ya daɗe yana aikin sufetan makarantu, ya fito da tsarin da ake kira VARK. Ya kasa masu koyo gida huɗu: masu gani, masu ji, masu karatu da rubutu, da masu taɓawa da hannu. Maganar ta yi daɗin kunne, don tana gaya wa kowane yaro cewa ba daƙiƙi ba ne, hanyarsa ce ba a gano ba. Nan da nan ta bazu. A 2004 Frank Coffield da abokan aikinsa a Ingila suka ƙidaya irin waɗannan tsare-tsare har 71, kowane da nashi rabon.

To, an gwada? An gwada. A 2008 masana huɗu a Amurka ƙarƙashin Harold Pashler suka duba binciken da aka yi. Tambayarsu mai sauƙi ce: in aka koyar da "ɗan ido" da hoto, "ɗan kunne" da murya, sun fi cin jarrabawa? Ba su samu hujjar da ta tsaya da ƙafarta ba. Mutum na iya son wata hanya, amma so daban, riƙe karatu daban. Duk da haka, wani bincike na 2012 ya nuna fiye da 90 cikin 100 na malaman da aka tambaya a Ingila da Holan sun yarda da ita.

Mu dawo gida. Wanda ya zauna makarantar allo a Urafan ko Tasawa ko Mayahi ya san malam bai taɓa tambayar almajiri ko shi na ido ne ko na kunne ba. Ka rubuta da tawada, malam ya biya maka, ka yi ta ɗaga murya, kuma ba ka wanke allo sai ka kawo karatun da ka. Bayan kwanaki ka koma tilawa. Hannu da ido da kunne duk sun yi aiki, sannan an tilasta wa kai ya fiddo abin da ya ɗauka. A 2006 Roediger da Karpicke suka gwada kusan wannan a Amurka: ɗaliban da suka rufe takarda suka tuno da kansu sun fi masu maimaita karantawa riƙe abin bayan mako guda.

Akwai kuma abin da tarihin lakwal a Nijar ya koya mana. A 1973 aka buɗe makarantar gwaji a Damagaram inda yara ke fara karatu da Hausa kafin Faransanci. Yaron ƙauye yana zaune gaban mushe da lafiyayyen ido da kunne, amma harshen ne bai ji. Da yawanmu nan ne ciwon yake. In ba ka fahimci kalmomin darasi ba, a zana maka ko a rera maka, duk ɗaya.

Saboda haka, kai da ke shirin brebe ko bak, kada salula ta raɗa maka suna. Darasi ne ke zaɓen hanyarsa: taswira sai an duba, lafazin Ingilishi sai an saurara, lissafi sai an kama alƙalami. Ka karanta, ka rufe kaye, ka bayyana wa wani da Hausa, jibi ka sake.

Abokina ya koma aji bana. Jiya na iske shi ƙarƙashin bedi, kaye a kife bisa gwiwa, yana biya wa ƙanensa darasin tarihi.