Rufaida (sunan mace)

Rufaida suna ne na mace mai asali daga Larabci. Musulmi na raɗa shi ne don tunawa da Rufaida al-Aslamiyya, Allah ya ƙara mata yarda, sahabiyar da ta yi jinyar masu rauni a cikin masallacin Madina a zamanin Annabi Muhammadu (SAW). Ana samun masu sunan a ƙasashen Larabawa da Pakistan da Indiya da ƙasar Hausa, amma a ko'ina ba su da yawa idan aka gwada su da A'isha da Fatima da Zainab. A ƙasar Hausa baƙon suna ne wanda bai daɗe da shigowa ba. Da wuya a ji tsohuwa tana amsa shi, yawancin masu shi yara ne da 'yan mata da matan da ba su manyanta ba.

Asali da ma'ana

Tushen sunan haruffa uku ne na Larabci: ra'un, fa'un da dalun. Daga gare su aka sami kalmar rifd, wato kyauta ko gudummawar da ake kai wa mai bukata. Manyan ƙamusoshin Larabci, irin su Lisanul Arab na Ibn Manzur (ya rasu a 1311), sun tattaro kalmomi da dama daga wannan tushe, kuma dukkansu ma'anarsu ɗaya suke zagayawa, wato tallafa wa wani abu don kada ya faɗi ko ya rasa. Babban akushin da ake cika wa baƙo da nono ana kiran sa rafd. Taguwar da ke cika wannan akushi a tatsa ɗaya sunanta rafud. Itatuwan da ke ɗauke da rufin ɗaki, waɗanda maginin Hausa zai kira azara, su ne rawafid, kuma da wannan kalma ake kiran ƙananan kogunan da ke zuba ruwansu a cikin babban kogi. Shi ya sa ake wa Iraƙi laƙabi da ƙasar Rafidaini, saboda kogunan Dijla da Furat. Tushen ya zo a Alƙur'ani mai girma, a aya ta 99 ta Suratu Hud.

Kalma ɗaya daga cikin wannan dangi ta fi sauran kusanci da tarihin sunan, ita ce rifada, wadda ke da ma'ana biyu. Ta farko ita ce ciyar da alhazai a Makka. Tun kafin Musulunci, Ƙusayyu ɗan Kilab ya ɗora wa Ƙuraishawa wani kaso na dukiyarsu a kowace shekara don a dafa wa mahajjatan da guzurinsu ya ƙare abinci, kuma wannan aiki ya gangaro har hannun Hashim, kakan mahaifin Annabi (SAW). Ma'ana ta biyu ita ce ƙyallen da ake naɗewa a danne bakin rauni da shi. Ke nan matar da tarihi ya san ta da ɗaurin rauni, sunanta da sunan ƙyallen ɗaurin raunin daga tushe ɗaya suka fito. Ba kasafai suna da aikin mai shi ke dacewa haka ba, kuma wannan na daga cikin abin da ke jan hankalin waɗanda suka san Larabci.

Sigar sunan ita ce wadda malaman nahawu ke kira tasgiri, wato ƙaramta kalma. Larabawa na yin haka don nuna ƙanƙanta, suna kuma yi don nuna ƙauna, kamar yadda Bahaushe ke cewa 'yar kaza ko ɗan kaza ga abin da yake ji da shi. A wannan siga aka gina Nusaiba da Zubaida da Suhaila da Umaima. Ma'anar Rufaida mafi kusa a Hausa ita ce 'yar kyauta ko 'yar gudummawa. Fassarar da ta fi yawo a bakin mutane, wato mai taimako, ba ta kauce wa tushen ba, ko da yake ta fi bayyana halin sahabiyar fiye da ginin kalmar. Hausawa ma suna da sunan gargajiya Kyauta, wanda akan sa wa abin da aka haifa bayan dogon jira ko bayan rasuwar 'ya'ya, sai dai shi yana ba da labarin halin da iyaye suka shiga ne, Rufaida kuwa fata ne a kan halin yarinyar.

A tsohon zamani sunan bai keɓanta ga mata ba. Littattafan nasabar Larabawa sun ambaci Rufaida ɗan Saur ɗan Kalb, kakan wani reshe na ƙabilar Kalb, kamar dai yadda Hamza da Usama da Huzaifa suke sunayen maza duk da harafin mace da ke ƙarshensu. Har yau akwai ƙabilar Rufaida a yankin Asir na kudu maso yammacin Saudiyya, da garin Ahad Rufaida kusa da Khamis Mushait, wanda ya samo sunansa daga kasuwar da ke ci ranar Lahadi.

Mai asalin sunan

Abin da tsofaffin littattafai suka adana game da Rufaida bai wuce 'yan layuka ba, kuma kusan duka sun zo ne a cikin labarin wani mutum, Sa'adu ɗan Mu'azu, shugaban ƙabilar Aus. A yaƙin Khandaƙ, wanda Hausawa ke kira yaƙin gwalalo, a shekara ta 5 bayan Hijira (627 Miladiyya), wani Baƙuraishe mai suna Hibban ɗan Ariƙa ya harbi Sa'adu da kibiya a babbar jijiyar hannu. Ibn Ishaƙ, a tarihin Annabi da ya iso gare mu ta hannun Ibn Hisham (ya rasu a 833), ya kawo cewa Annabi (SAW) ya yi umarni a kai shi hemar wata mata 'yar ƙabilar Aslam da ake kira Rufaida, wadda ke cikin masallacinsa, domin ya riƙa duba shi daga kusa. Ya siffanta ta da cewa tana yi wa masu rauni magani, tana kuma sadaukar da kanta wajen hidimar Musulmin da ba su da mai kula da su, don neman lada. Imam Bukhari ya kawo irin wannan labari a littafinsa Al-Adabul Mufrad daga Mahmud ɗan Labid, tare da ƙarin cewa Annabi (SAW) yakan biya safe da yamma ya tambayi Sa'adu yadda ya kwana da yadda ya yini.

Duk da gajartar labarin, akwai abubuwa masu nauyi a cikinsa. Hemar tata ce, da sunanta ake kiran ta, kuma a cikin masallaci take, wurin da ya fi ko'ina daraja a garin. Wanda aka kai mata ba ƙaramin mutum ba ne, raunin kuma na kisa ne: Sahihu Muslim ya ruwaito cewa Annabi (SAW) da hannunsa ya ƙona bakin jijiyar don jinin ya tsaya, ta kumbura, ya sake ƙonawa. Daga wannan hema aka ɗauko Sa'adu a kan jaki lokacin da aka nemi ya yanke hukunci a kan ƙabilar Banu Ƙuraiza, kuma bayan kusan wata guda da harbin raunin ya fashe ya rasu. Abin da ya fi muhimmanci shi ne siffar da Ibn Ishaƙ ya ba ta, domin ta nuna aikinta bai tsaya ga mayaƙa ba. Ta kasance mai karɓar wanda ba shi da kowa.

Akwai saɓani a kan sunanta. Waƙidi da almajirinsa Ibn Sa'ad (ya rasu a 845), mai littafin Ɗabaƙat, sun kira mai hemar da sunan Ku'aiba 'yar Sa'ad al-Aslamiyya, suka ƙara da cewa ta halarci yaƙin Khaibar a shekara ta 7 bayan Hijira. Wasu malamai na ganin mace ɗaya ce mai suna da laƙabi, wasu na ganin mata biyu ne. Ibn Hajar al-Asƙalani (ya rasu a 1449), a littafinsa Al-Isaba, ya ambace ta da nasaba biyu, Ba'ansariya ko 'yar Aslam. Ita Aslam ƙabila ce mai dangantaka da Khuza'a, mazauninta tsakanin Makka da Madina.

Ba ita kaɗai ce mace mai jinya a wancan zamani ba. Rubayyi'u 'yar Mu'awwiz ta ba da labarin yadda suke shayar da mayaƙa ruwa suna kula da masu rauni, Ummu Aɗiyya ta ce ta fita yaƙi sau 7 tana dafa abinci tana jinya, Nana Faɗima kuma a yaƙin Uhudu ta ƙona guntun tabarma ta danna tokar a raunin mahaifinta har jinin ya tsaya. Bambancin Rufaida da su shi ne tana da tsayayyen wuri da aka sani, wanda ake ɗaukar majinyaci a kai shi.

Rubuce-rubucen zamani sun ƙara abubuwa da yawa a kan wannan. Ana cewa mahaifinta likita ne, ana cewa ta buɗe makarantar koyar da mata jinya, har ana cewa ta tsara ƙa'idojin aikin. Waɗannan bayanai ba sa cikin riwayoyin Ibn Ishaƙ da Bukhari da aka ambata, kuma ya kamata mai karatu ya raba su da abin da ya tabbata. Shekarar haihuwa ta 620 da ake yawan liƙa mata ba ta ma yiwuwa, domin da haka ne, da tana 'yar shekara 7 aka damƙa mata jinyar shugaban Aus. Matar ba ta bukatar wannan ƙari. Abin da ya tabbata a kanta ya isa a yi alfahari da shi.

Farfaɗowar sunan

A ƙarni na 20 ne sunan ya sake fitowa fili, lokacin da aikin jinya na zamani ya bazu a ƙasashen Musulmi. Makarantun nas-nas sun zo da tarihin Florence Nightingale (1820 zuwa 1910), Baturiyar Ingila da ta yi suna a yaƙin Kirimiya, a matsayin uwar sana'ar. A wurare da dama iyaye na ɗari-ɗari da barin 'ya mace ta yi aikin da ya haɗa da kwanan asibiti da taɓa maza. Malaman jinya Musulmi sai suka koma tarihi suka ɗauko Rufaida, wadda ta riga Nightingale da fiye da shekara 1,200, suka kafa hujja da ita cewa jinya aikin mutunci ne da aka yi a gaban Annabi (SAW) da yardarsa. Daga nan aka fara kiran ta ma'aikaciyar jinya ta farko a Musulunci. Kwalejin koyon jinya ta jami'ar Jamia Hamdard da ke New Delhi tana ɗauke da sunanta, haka ma wani gini na makarantar jinya ta Jami'ar Aga Khan a Karachi.

A ƙasar Hausa

Dalilin ƙarancin sunan a nan yana cikin yadda ake raɗin suna. Bisa al'ada, uba kan mayar da sunan mahaifiyarsa ko surukarsa ko gwaggonsa, don haka sunaye kaɗan ne ke ta juyawa a cikin zuriya: Hadiza, A'isha, Fatima, Amina, Hauwa, Maryam, Zainab, Halima. Da yake kunya ba ta barin a kira sunan uwa ko suruka gatsau, kowannensu ya tara laƙabi da alkunya. A'isha ta zama Indo ko Shatu, Hadiza ta zama Dije, Hauwa ta zama Kulu, Zainab ta zama Abu, Maryam ta zama Mairo, Fatima ta zama Binta. Rufaida ba ta da irin wannan laƙabi da kowa ya sani, kuma wannan kaɗai shaida ce cewa sunan bai kai ga kakanni ba tukuna.

Hanyar shigowarsa ita ce ta karatu. Yaɗuwar makarantun Islamiyya na mata, da ɗaliban da suka yi karatu a ƙasashen Larabawa, da littattafai da wa'azozi kan rayuwar sahabbai mata, sun buɗe wa iyaye wasu sunaye da a da sai malamai suka san su, irin su Nusaiba da Khaula da Rumaisa'u. Rufaida a cikin wannan ayari ta zo. A Kano kuma mutane da yawa sun saba da jin sunan ta dalilin wani kamfanin yogot da ke amsa shi.

Abin da ke sa iyaye zaɓensa a fili yake. Suna ne na sahabiya, don haka ba mai tayar da gardama a kansa ranar suna, ko liman ko kaka. Gaɓoɓinsa uku ne masu sauƙi, babu harafin maƙogwaro da zai wahalar da harshen Bahaushe. Yarinyar da ke da shi ba za ta tarar da takwarori biyar a ajinsu ba. Sannan darajarsa daga aiki ta fito. Mafi yawan sunayen matan da aka saba da su an girmama su ne saboda kusancin masu su da Annabawa, uwa ko mata ko 'ya, ita kuwa Rufaida ba a san ta da komai ba sai hidimar marasa lafiya. Wannan ya sa sunan ya dace da iyayen da ke yi wa 'yarsu fatan karatun lafiya.

Furuci da rubutu

Ana rubuta shi Rufaida ko Rufaidah ko Rufayda. Sigar Rufaidatu ta bi tsarin A'ishatu da Hadizatu, Rufaidat kuma ta fi yawa a tsakanin Musulmin ƙasar Yarabawa da maƙwabtansu. A karin harshen yamma, wajen Sakkwato da Katsina da Nijar, inda ake cewa Hwatima, za a iya jin Ruhwaida. Ya kamata iyaye su tsayar da rubutu ɗaya tun daga takardar haihuwa, domin bambancin harafi ɗaya tsakanin takardun makaranta da katin ɗan ƙasa yakan jawo wahala daga baya.

Sunaye biyu ake rikita shi da su. Rufa'i, sunan namiji da ya yaɗu saboda Shehu Ahmad ar-Rifa'i na Iraƙi (ya rasu a 1182), daga tushen ɗaukaka ya fito, harafin tushen na ƙarshe ainun ne, ba shi da alaƙa da Rufaida. Haka kuma kalmar Rafida, daga tushen ƙin amincewa, da harafin ladun ake rubuta ta, wanda a tsohon karatun Hausa ake furtawa kamar lam, irin na alƙali da farilla da alwala. A rubutun boko ne kawai dalun da ladun ke zama d ɗaya. A ajami da Larabci kowanne da siffarsa.