Cancanta Daban, Naɗi Daban: Sake Duba Hukuncin Kotun Ƙolin Indiya na 2015

Akwai ra'ayin da ya samu gindin zama tsakanin masu nazarin dokokin ilimi mai zurfi na Indiya, cewa hukuncin da Kotun Ƙolin ƙasar ta yanke a watan Maris na 2015 zalunci ne ga masu digirin digirgir, wai kuma kotun ta gane hakan ta janye a 2022. A ganina wannan fahimta ba ta yi daidai da abin da hukunce-hukuncen biyu suka ƙunsa ba, ta kuma ɗora laifi a kan wanda ba shi ya aikata ba.

Ikon UGC, hukumar da ke kula da jami'o'in ƙasar, na wajabta jarrabawar cancanta ta ƙasa, wato NET, ga mai neman koyarwa a kwaleji ko jami'a magana ce da aka rufe tun shari'ar Jami'ar Delhi ta 1994. Rigimar ta taso ne daga baya. A 2006 hukumar ta ɗauke wa masu digirgir jarrabawar. A Nuwamban 2008 gwamnatin tarayya, bisa sashe na 20 na Dokar UGC ta 1956, ta umarce ta ta maido da ita. Ƙa'idojin Yulin 2009 suka taƙaita rangwamen ga wanda ya yi digirinsa bisa sabon tsarin wannan shekarar kaɗai. Manyan kotunan Delhi da Madras da Rajasthan suka amince, ta Allahabad ta saɓa, Kotun Ƙoli kuma, a hukuncin da Mai Shari'a Nariman ya rubuta, ta bi na farkon.

Hujjar mai sukar hukuncin tana da nauyi, kuma ya kamata a faɗe ta da ƙarfinta. Wanda ya kare kundinsa a 2007 ba shi da yadda zai bi tsarin da ba a kafa ba sai bayan shekara biyu. Jiya ya cancanta, yau bai cancanta ba, alhali bai yi komai ba. Mai sukar ya ce wannan ita ce dokar da ke waiwaye, wadda shari'a ke ƙyama.

Amma me aka ƙwace masa? Digirinsa yana nan, ba a soke shi ba. Ba a kuma tsige shi daga wani muƙami ba, domin ba a riga an naɗa shi ba. Abin da yake da shi a 2007 dama ce ta neman gurbi bisa sharuɗɗan ranar da aka tallata gurbin. Ƙa'idar 2009 ta shafi naɗin da za a yi nan gaba ne, ƙofar NET kuma a buɗe take gare shi kamar kowa. Da za a karɓi hujjar mai sukar yadda take, babu hukumar da za ta iya tsaurara sharaɗin ɗaukar malamai sai duk masu tsohuwar takarda sun wuce shekarun aiki. Ban tsammanin shi kansa zai yarda da wannan sakamako.

Zai iya dawowa ta wata kafa: ai UGC da kanta ta zartar a 2010 cewa a yi wa tsofaffin masu digirgir rangwame, don haka sun sa rai bisa dalili. Gaskiya ne ta zartar, amma gwamnatin tarayya ta ƙi amincewa, sashe na 20 kuwa ya fifita umarninta a kan al'amuran manufa da suka shafi ƙasa baki ɗaya. Alkawarin wanda ba shi da wuƙa da nama ba ya zama haƙƙi, kuma kotun ta ce sa rai, ko da na halal ne, yana rusunawa gaban maslahar jama'a.

A nan dole in tsuke da'awata. Ban ce NET ta fi digirgir auna iya koyarwa ba. Hukuncin bai dogara da tabbatar da haka ba, illa cewa masu ikon tsara manufa sun zaɓe ta a matsayin ma'auni ɗaya ga kowa. Haka nan maganata ba ta shafi sauya sharaɗi bayan an tallata gurbi an fara tantancewa ba. Wannan kuwa, alƙalai biyar na Kotun Ƙolin sun hana shi a Nuwamban 2024, sai in ƙa'idojin sun ba da dama tun farko.

Shari'ar Jami'ar Kerala ta Agustan 2022 fa? Malamin ilimin zamantakewa ne da aka naɗa a 2012 da digirgir ɗin da ya samu kafin sabon tsari, Babbar Kotun Kerala ta soke naɗin, Kotun Ƙoli kuma ta tabbatar da naɗin. Dalilinta shi ne gyaran da UGC ta yi a Yulin 2016, wanda ya ɗauke NET ga waɗanda suka yi rajistar digirgir kafin 11 ga Yuli, 2009, muddin masu jarrabawa biyu daga waje sun duba kundin, an kare shi a bainar jama'a, an kuma wallafa maƙalu biyu, da sauran sharuɗɗa. Kotun ta ɗauki gyaran a matsayin magani da ke aiki har a kan naɗin baya. Ƙa'idar ce ta sauya, kotun ta bi ta.

Laifin, a ganina, na masu tsara ƙa'idojin ne. Rangwamen da aka rubuta a 2016, a cikin ƙa'idar 2009 ya kamata ya fito. Shekara bakwai mutane suna zaryar kotu saboda rashinsa. Ba a kuma daina ba: a 2018 an wajabta digirgir ga sabon malamin jami'a daga Yulin 2021, aka ɗage zuwa 2023, sannan aka janye. Duk ƙa'idar da za ta sauya sharaɗin cancanta, wajibi ne ta bayyana a cikinta makomar waɗanda suka riga suka shiga hanya.