Motocin Citroën a ƙofar Damagaram

Ran 28 ga watan Oktoba na shekarar 1924 motoci takwas suka tashi daga Colomb-Béchar, a kudancin Aljeriya, suka nufi cikin Sahara. Ba irin motocin da muka sani ba ne: sarƙar roba ce a madadin ƙafafunsu na baya, don kada rairayi ya riƙe su. André Citroën, mai masana'antar motoci a Faransa, shi ya ɗauki nauyin tafiyar, ya ɗora Georges-Marie Haardt da Louis Audouin-Dubreuil a kan jagorancinta. Su biyun nan sun riga sun ƙetare hamada daga Touggourt zuwa Tumbutu tsakanin ƙarshen 1922 da farkon 1923. A wannan karon an haɗa su da gwanin silima, Léon Poirier, da mai ɗaukar hoto Georges Specht, domin Citroën ya gane cewa tafiyar da Turai ba ta gani da ido ba, ba za ta sayar masa da mota ko ɗaya ba.

Sun ratsa Tanezrouft, inda babu rijiya babu inuwa, suka faɗo bakin Kwara a Bourem, suka biyo ta Yamai, Maraɗi, Tasawa da Damagaram har tafkin Cadi. Tafiyar ba ta ƙare ba sai a watan Yuni na 1925, a Madagaskar. Mita 27,000 na fim suka koma da shi, aka tace shi, aka nuna shi a Paris a 1926 da sunan La Croisière noire.

Wanda ya kalli wannan fim yau, ransa zai rabu biyu. Ga mahaya cikin lifidi, ga makaɗa, ga fadar Barmu sarkin Tasawa, abubuwan da da wuya a same su a wani hoto mai motsi na wancan zamani. Sai dai fim ɗin bebe ne, kuma rubutun da ke bayyana tsakanin hotuna Bafaranshe ne ya rubuta shi don Faransawa. Kakanninmu suna wucewa a gaban na'ura ba sa cewa uffan. Mota ce jaruma. Ba a tsaya kan man fetur da abincin da aka riga aka jibge musu a zango-zango ba, balle waɗanda suka yi dakonsu. Kuma hamadar da ake cika baki an "buɗe" ta, ayarin Buzaye ya daɗe yana ratsa irinta kowace shekara, daga Abzin zuwa Fashi da Bilma neman gishiri, da raƙuma da madugu mai karanta taurari.

Sai bayan yaƙin duniya na biyu Jean Rouch ya bi Kwara cikin kwalekwale da na'urarsa, kuma daga baya ya bar abokan tafiyarsa, irin su Damure Zika, su yi magana da bakinsu a cikin finafinansa. A hanyar Birnin Ƙonni ya rasu a 2004, a yankin da motocin Citroën suka ratsa shekara tamanin kafin nan.