Goruba da danginta: bishiyar da ke rabuwa biyu

Tabarmar kaba da ake saye a kasuwar Katako ta Yamai da gorubar da yara ke gwaguya a bakin hanya tsiro ɗaya ne ya haife su. Kaba ita ce gorubar da ba ta yi gangar jiki ba tukuna, ganyenta na fitowa kai tsaye daga ƙasa. In aka ƙyale ta shekaru, sai ta miƙe ta zama bishiya mai tsawon mita 10 zuwa 15.

Masana tsirrai na kiran goruba Hyphaene thebaica. Kalmar farko sunan jinsi ne, wanda wani masani Bajamushe, Joseph Gaertner, ya raɗa a 1788 daga wata kalmar Girkanci mai nufin saƙa, saboda zare-zaren da ke jikin ɗan itacen. Ta biyu kuma ta fito ne daga Thebes, tsohon birnin Masar da ke inda Luxor take a yau. Misirawan dā sun girmama bishiyar, har an samu kwandunan ƴaƴanta a kabarin Fir'auna Tutankhamun. Larabawa na ce mata dum, daga nan Faransawa suka aro sunan da suke kiranta da shi.

Jinsin yana cikin babban gidan Arecaceae, mai nau'o'i kusan 2,600, inda dabino da kwakwa da kwakwar manja suke. Amma kusancin ba ɗaya ba ne. Ƴar'uwar goruba ta kusa a ƙasar Hausa ita ce giginya, wato Borassus aethiopum, mai yawa a yankin Gaya: an haɗa su a reshe guda mai suna Borasseae. Dukkansu ganyensu buɗe yake kamar mafici, kuma akwai mace akwai namiji, macen kaɗai ke yin ƴaƴa. Dabino ya ɗan fi nisa, kwakwa kuwa ta fi su duka.

Abin da zai ba mai karatu mamaki shi ne, a lissafin masana goruba ta fi kusa da gero da dawa a kan gawo ko tsamiya. Ba ta ƙara kauri shekara-shekara kamar sauran itatuwa, kuma duk sabon ganye daga ido ɗaya yake fitowa, can a ƙoli. Shi ya sa dabino da giginya ke tashi sambal ba reshe. A nan goruba ta fita daban: idon nata kan rabe gida biyu daidai wa daida, kowane ɓari ya zama reshe, shi ma daga baya ya sake rabewa. Tsohuwar goruba kan ɗauki kawuna takwas ko fiye. Wannan ɗabi'a ba kasafai ake ganinta a cikin dangin ba.

Nau'o'in Hyphaene da aka amince da su a yau takwas ne. A dā an lissafa fiye da haka nesa ba kusa ba, domin masana irin su Odoardo Beccari na Italiya sun riƙa raɗa sabon suna bisa siffar ƴaƴan da matafiya ke kai musu Turai, alhali ƴaƴan bishiya guda ma kan bambanta. Daga baya aka haɗe yawancinsu. Akwai Hyphaene compressa a Kenya da Tanzaniya, da Hyphaene coriacea har Madagaska, da Hyphaene petersiana ta Namibiya da Botswana wadda galibi ba ta reshe, da Hyphaene dichotoma a yammacin Indiya. Ta Nijar ita ce mai yaɗuwa daga Muritaniya da Senegal zuwa Masar da yankin Larabawa.

Goruba na son wurin da ruwan ƙarƙashin ƙasa bai yi zurfi ba, irin su Dallol Bosso da Gulbin Kaba na jihar Maraɗi, wanda daga gare ta ya samu sunansa. Ana cin bayan ɗan itacen mai zaƙi-zaƙi, ƙodagon da ke ciki kuma taurinsa ya kai a sassaƙa shi: a ƙarni na 20 an yi masana'antun maɓallan riga da shi a Eritiriya. Da ganyen ake tabarma da faifai da igiya da malafa, gangar jikin kuma azara ce mai jure gara.

Dokar gandun daji ta Nijar ta 1974 ta sa goruba cikin itatuwan da aka hana sarewa sai da izini. Sai dai barazanar ba ta gatari kaɗai ba ce. Kabar da ake yankewa kowace shekara ba ta mutuwa, tana sake tohowa daga tushenta na cikin ƙasa, amma ba ta samun zarafin miƙewa balle ta yi fure. Fili na iya cika da kaba kore shar, alhali manyan bishiyoyi masu ba da iri na ƙarewa ɗaya bayan ɗaya. A yankin Mayahi manoma kan zaɓi ƴan tohon da suka fi ƙarfi a kowane gindi su bar su su girma, sauran kuma a ci gaba da yankarsu domin saƙa.