Daura Tsakanin Majigi da Wasan Kwamfuta

Tun zamanin Turawa muka saba da zama a gaban allo. Motar majigi kan shigo gari da almuru, a kafa farin ƙyalle a fili, a nuna wa jama'a tsaftar gida da dabarun noma. Aka yi fim ɗin Shaihu Umar a 1976, sannan Turmin Danya ya buɗe ƙofar finafinan bidiyo a Kano a 1990. A duk ciki aikin mai kallo ɗaya ne: ya zuba ido. Ko sau ɗari aka haska labarin Bayajidda, sau ɗarin macijin rijiyar Kusugu zai mutu.

Wasan kwamfuta ya fi kusa da dara. Ba ya motsi sai ka motsa, in kuma aka ci ka, hannunka ne ya jawo.

A 2021 masu wasan yaƙi na Age of Empires III suka saka Hausawa a ciki, har da barade 'yan lifidi. Mai wasa ne ke kiwon shanu, ya sayar, ya tara dukiya kafin ya samu ko barde ɗaya. Nan take yaro zai gane abin da fim bai cika tsayawa a kai ba: runduna ci take yi, wani kuma ke noma mata.

Mu ɗauki namu tarihin. Wajen 1805 mayaƙan jihadi ƙarƙashin Malam Isiyaku suka karɓe Daura, Sarkin Gwari Abdu ya fice, zuriyarsa ta zauna a Zango da Baure, har Turawa suka dawo da Malam Musa kan gadon sarauta a 1906. Fim zai nuna ficewar Abdu, a sa kiɗa mai ban tausayi. Wasa kuwa zai miƙa maka linzami: ka tsaya a bayan ganuwa, ko ka tsira da jama'arka? Hatsin kwana nawa ya rage a rumbu?

Sai dai mu masu rubuta manhaja mun san inda gizo ke saƙa. Kowace ƙa'idar wasa wani ne ya rubuta ta. Shi zai yanke ko wa'azin malamai yana jan mutane, ko takobi kaɗai ke aiki. Ƙaryar fim a fili take, ana musanta ta a majalisa. Ta wasa tana ɓoye cikin lissafi, kuma yaron da ya ci yaƙi da yatsunsa da wuya ya yarda cewa shirya masa aka yi. A wancan wasan, Sarauniya Amina ta Zazzau aka zaɓa ta zama fuskar Hausawa baki ɗaya, kuma ba a Daura aka yanke wannan shawara ba.