Labarin Unguwar Ƙetaren Gada ta Birnin Landan

Tsohon birnin Landan, watau wanda ke cikin ganuwa da 'yan gefenta, ƙarami ne ƙwarai, mutum ya iya ratsa shi da ƙafa cikin rabin sa'a. Tun zamanin da an raba shi unguwa unguwa. Kowace unguwa tana da babbanta guda, wanda suke ce wa alderman, watau dattijon unguwa, kuma tana da wakilai waɗanda a da 'ya'yan gari masu gidaje kan zaɓa kowace shekara ran 21 ga Disamba, su zauna a Majalisar Gari. Dattijo kuwa a wancan zamani in ya hau, sai mutuwa ko murabus. Daga cikin dattawan nan ake fid da Magajin Gari, ya yi shekara guda ya sauka. Tun 1394 unguwannin nan 25 ne. Cikin 1550 aka ƙara ta 26, aka sa mata suna Bridge Without, watau Ƙetaren Gada. Ta yi shekara 428, amma mutanenta ba su taɓa jefa ƙuri'a sun zaɓi dattijonsu ba, ba su kuma taɓa aika wakili ko ɗaya Majalisar Gari ba.

Birnin yana arewacin kogin Thames ne. Wannan unguwa ita kaɗai ke kudu, a garin da ake kira Southwark, ƙasa mai kwari da fadama wadda ruwa kan malale in kogi ya cika. Abin da ya haɗa ta da birni gada ce ta dutse, wadda aka soma ginawa cikin 1176, aka gama cikin 1209. Bisa gadan nan akwai gidaje da kantuna har da ɗakin ibada, a bakinta na kudu kuwa akwai ƙofa wadda akan kafa kawunan 'yan tawaye a kanta. Har 1750 babu wata gada a Landan sai ita. Saboda haka duk wanda ya fito daga kudancin Ingila, ko ya sauka jirgin ruwa a Dover, dole ya bi ta babban titin Southwark. Sai wurin ya cika da masaukan baƙi, da mahauta, da masu dafa giya. Ya kuma cika da waɗanda birni ba ya so, gama ɓarawo in ya yi ɓarna cikin ganuwa, da ya ƙetare gada ya fita hannun Magajin Gari, ya shiga ƙasar Surrey.

Wannan shi ne kukan da mutanen birni suka kai wa Sarki Edward na Uku, ya ba su ikon wani ɗan yanki a bakin gada cikin 1327. Bai ishe su ba. Da Sarki Henry na Takwas ya karɓe dukiyar gidajen ibada, filayen Southwark da yawa suka koma hannun Sarki, birni ya yi ta nema har ya samu a zamanin ɗansa, Edward na Shida. Cikin 1550 aka biya fam 647 da sule 2 da kwabo 1 kuɗin ƙasa, ban da abin da aka biya domin ikon shari'a da na kasuwa. To, amma ba duka garin aka sayar musu ba. Sarki ya riƙe gidajen kurkukunsa biyu, Marshalsea da King's Bench, da wani babban gidansa wanda daga baya ya zama mafakar masu gudun bashi. Yankin Bishop na Winchester da na Paris Garden, yamma da gada, su ma ba su shiga ba, can ne kuwa aka giggina gidajen wasan kwaikwayo, har da Globe na su Shakespeare cikin 1599, inda hukuncin Magajin Gari ba ya kaiwa. Watau tun ran farko iyakar unguwar ɓaraka gare ta.

Dattijo na farko shi ne Sir John Ayliffe, wanzami kuma likita, wanda ya yi wa Sarki Henry magani. Sauran dattawa ne suka naɗa shi, ba a tambayi kowa a Southwark ba. Cikin shekaran nan Majalisar Gari ta yi doka cewa nan gaba mutanen unguwa su ba da sunan mutum huɗu, dattawa su ɗauki ɗaya, kamar yadda ake yi a sauran unguwanni a lokacin. Ba a yi aiki da dokar ba, cikin 1557 kuma aka soke ta. Iyakar tarihin zaɓen unguwar ke nan, doka guda a takarda, shekara bakwai. Dalili ba ɓoyayye ba ne: Southwark ta tara jama'a da yawa, masu sana'a da baƙi, galibinsu ba su cikin ƙungiyoyin sana'a na birni, attajiran cikin ganuwa kuwa sun fi son haraji da tsaron bakin gada bisa ga sababbin abokan shawara.

Abin mamaki, mutanen nan ba baƙin ƙuri'a ba ne. A wancan zamani, tun daga 1295, Southwark tana aika wakilai biyu Majalisar Dokokin Ingila, kuma duk mai gida da ke biyan kuɗin gari yana da murya. Zaɓensu ya yi suna wajen zafi. Henry Thrale, mai gidan dafa giya, ya wakilce su daga 1765 zuwa 1780. Ga mutum an yarda ya zaɓi mai yi wa ƙasa duka doka, amma an hana shi zaɓen mai duba kwatar ƙofar gidansa. Sun kai kuka ba sau ɗaya ba, a ba su wakilai kamar kowa, ba a ba su ba.

Wajen shari'a nan ne rikici ya fi yawa. Takardar 1550 ta ba Magajin Gari da manyan dattawa ikon yin hukunci a Southwark, amma ba ta ɗauke ikon alƙalan Surrey ba. Sai aka wayi gari kotu biyu a gari ɗaya, kowace da zamanta, kowace da kurkukunta, ana jayayya kan wa zai ba da izinin sayar da giya, wa zai aza haraji. Alƙalan Surrey suna zaune kusa, sun san mutane. Dattijon birni kuwa yana ƙetare, sai jifa jifa. Sannu a hankali aiki ya koma hannun na kusa.

Cikin 1711 Majalisar Gari ta yi dokar da ta bayyana matsayin unguwar a fili. Aka ce in kujerar ta faɗi, sai a miƙa ta ga dattijon da ya fi daɗewa cikin waɗanda suka riga suka yi Magajin Gari. Ya bar tsohuwar unguwarsa a zaɓi sabo, shi kuwa ya huta da wahalar talakawa, girmansa na nan. Kujerar ta zama ta tsofaffi. Kasuwa ma ta fita hannun birni: da ta toshe hanyar gada, Majalisar Dokoki ta rushe ta cikin 1755, mutanen wurin suka sami izini suka buɗe tasu a gefe cikin 1756, ita ce Borough Market.

Ƙuri'ar da birni ya hana su, ta wata hanya ta zo. Dokar 1855 ta sa gyaran tituna da magudanun ruwa a hannun hukumomin da masu biyan haraji ke zaɓa. Cikin 1889 Southwark ta fita daga Surrey ta shiga sabon lardin Landan, cikin 1900 kuma aka raba ƙasar unguwar tsakanin majalisun Southwark da Bermondsey, kowace da magajin garinta da zaɓaɓɓun wakilanta. Cikin 1965 aka haɗa su da Camberwell suka zama hukuma ɗaya. Duk da haka birni ya ci gaba da naɗa dattijon Ƙetaren Gada, mai unguwa ba talakawa, har shekara 78 bayan 1900. Cikin 1978 aka haɗa sunan da na unguwar Gada ta arewacin kogi, lissafin unguwannin birni ya koma 25.