Tsabtacewa da Kula da Fitilar Kashe Ƙwari Mai Aiki da Lantarki

Gidan Igwai, wadda ke cikin mazaɓar Sarkin Adar Gidan Igwai a Ƙaramar Hukumar Sakkwato ta Arewa, tana cikin unguwannin birnin Sakkwato da ƙwari kan addaba da zarar damina ta kankama, daga watan Yuni zuwa Satumba. Mun tanadi wannan bayani ne domin masu gidajen abinci, mahauta, masu shayi da magidanta da ke rataya fitilar nan mai shuɗin haske.

Aikinta ba shi da wuyar fahimta. Ƙwan da ke ciki yana fitar da wani nau'in haske da idon mutum ba ya ganin akasarinsa, amma yana jan ƙudaje da sauran ƙwari masu tashi. Kewaye da ƙwan akwai ragar ƙarfe mai ɗauke da wutar da ta kai bolt 2,000 ko fiye, alhali wutar gida bolt 230 ce. Ƙwaron da ya haɗa wayoyi biyu da jikinsa nan take yake ƙonewa.

A nan ne haɗarin yake. Cire fulogi daga soket bai wadatar ba, domin akwai wani ɗan ƙarfe a ciki da ke riƙe wuta ko bayan an kashe. A jira na wasu mintoci, sannan a haɗa wayoyi biyu na ragar da bakin sukudireba mai hannun roba. Idan an ji ƙas, ragowar wutar ce ta fita. Kada a dogara da cewa an ɗauke wuta, domin ana iya maido da ita hannu yana ciki. Wannan aiki ba na yara ba ne.

Daga nan sai a zare farantin ƙasa a zubar da matattun ƙwari, a wanke shi da sabulu, a bari ya bushe sarai kafin a mayar. Ragar kuwa ba a zuba mata ruwa. Busasshen buroshin haƙori da aka daina amfani da shi ya isa. Da damina a yi haka duk mako, amma daren da shinge ya fito bayan ruwan fari, da safe za a tarar ragar ta cushe, kuma tarin busassun fukafukai yana iya kama wuta. Da hunturu ƙura ce matsalar: tana lulluɓe ƙwan ta rage masa haske, don haka a riƙa goge shi da busasshen ƙyalle. Ƙwan yakan rasa ƙarfin jan ƙwari tun yana ci, shi ya sa masu ƙera shi ke shawartar a sauya duk shekara. A ganinmu watan Mayu ya fi dacewa. Irin mai dogon gilashi yana ɗauke da sinadarin makuri, kada a fasa shi cikin ɗaki.

Wajen ratayewa, a nisanta ta da teburin nama, ƙwaryar fura da wurin girki da aƙalla mita 2, saboda gutsattsarin ƙudan da ya fashe yana warwatsuwa tare da ƙwayoyin cuta.

Akwai kuskuren da ya zama dole mu gyara. Wasu sun ɗauka fitilar na maganin sauro, har sukan ajiye gidan sauro saboda ita. Binciken da aka wallafa a 1996 daga Jami'ar Delaware a Amurka ya ƙirga ƙwari 13,789 da irin waɗannan fitilu suka kashe, aka samu 31 kacal ne masu cizo. Sauro numfashin mutum, warin jikinsa da ɗuminsa yake bi, hasken bai dame shi sosai ba. Don haka kariyar yara da mata masu juna biyu daga zazzaɓin cizon sauro tana nan ga kwana cikin gidan sauro mai magani, da maganin riga-kafin da ake ba yara daga wata 3 zuwa wata 59 a watannin damina, da kuma kwashe kwatami domin ruwa ya daina kwanciya a lunguna.